Kwafin tsohuwar taswirar gaɓar Silon: a duba shekara kafin a biya

Kwafin tsofaffin taswirorin Silon, wato Sirilanka ta yau, da ake sayarwa a intanet suna da kyau a bango. Amma mai son fahimtar yadda Turawa suka yanka gaɓar tsibirin sai ya yi hattara, don masu sayarwa kan rubuta "zamanin mulkin mallaka" kawai, alhali zamani uku ne: Fotugal, Holand, sannan Birtaniya daga 1796.

Wadda ta fi amfani ita ce ta 'yan Holand. Daga hannun Fotugal sun ƙwace Galle a 1640, Kolombo a 1656, Jafna a 1658, suka kasa abin da ke hannunsu gida uku a kan waɗannan garuruwa. Gwamna na zaune a Kolombo, Galle da Jafna kuwa kowanne da kwamandansa. A kudu maso yamma, ƙarƙashinsu akwai yankunan mulki daga babba zuwa ƙarami: disawa, sai korale, sai pattu, kafin a kai ƙauye. Kwafi mai kyau yakan nuna iyakokin korale da ɗige-ɗige. A nan masu araha ke faɗuwa: an ɗauko ƙaramin hoto an buɗa shi, ɗigon ya narke cikin launi, sunayen sun dagule. Kada a karɓi ƙasa da girman A2, santimita 42 da 59.4, da ingancin bugu na ɗigo 300 a kowane inci. Takarda marar sheƙi ta fi, mai sheƙi tana ɗaukar ido ta ɓoye ƙananan haruffa.

Shekara ita ce komai. Kafin 1766 akwai sassan gaɓa a hannun Sarkin Kandi, masarautar tsakiyar tsibirin. Yarjejeniyar wannan shekara tsakanin Sarki Kirti Sri Rajasinha da Gwamna Falck ce ta ba Holand bakin teku kewaye, Kandi ta rasa mafita zuwa ruwa. In kuwa aka ga larduna biyar, Yamma, Kudu, Gabas, Arewa da Tsakiya, to taswirar ta bayan 1833 ce, lokacin da Birtaniya ta haɗe gaɓa da ƙasar Kandi.

Rubutun sunaye ma yana ruɗarwa: Jafna takan fito a matsayin Jaffanapatnam, Galle kuma Gale. A wasu arewa ba a sama take ba, sai a nemi alamar kamfas tukuna. Kafin biya, a gwada hoton mai sayarwa da na rumbun Atlas of Mutual Heritage, shafin intanet na tsofaffin taswirori wanda ake dubawa kyauta, a ga ko an datse gefen da ke ɗauke da ma'aunin nisa.