Bashin Gida: Lissafin da Ya Kamata a Yi Kafin a Sa Hannu a Takardar Jingina

Duk wanda ya shiga banki neman bashin sayen gida, tambayar da ke fara fitowa daga bakinsa ita ce nawa za a riƙa cire masa a wata, kuma ita ce jami'in banki ya fi son amsawa, domin adadin wata-wata yana shiga kunne ba tare da ya tayar da hankali ba. Tambayar da ba a cika yi ba ita ce, idan aka tara duk abin da za a biya tun daga watan farko har ranar da takardun gida za su koma hannun mai su, nawa ne jimillar? A kan amsar wannan tambaya ya kamata a kwatanta hanyoyin da ke gaban mai neman muhalli a Nijeriya, wato bashin Asusun Gidaje na Ƙasa, da bashin bankunan kasuwanci, da cinikin bankunan da ba sa mu'amala da kuɗin ruwa.

Kafin kwatancin, wajibi ne a fahimci yadda biyan wata-wata yake rarrabuwa. A mafi yawan basussukan gida adadin da ake biya a wata ba ya canzawa, amma abin da ke cikinsa yana canzawa, saboda ana lissafa kuɗin ruwan kowane wata ne a kan abin da ya saura na uwar kuɗi. Mu ɗauka an karɓi naira miliyan 10 a kan ruwan kashi 6 cikin ɗari a shekara, za a biya cikin shekara 30. Biyan wata zai kama kimanin naira 59,955. A watan farko, naira 50,000 daga ciki kuɗin ruwa ne zalla, naira 9,955 kacal ce ta taɓa ainihin bashin. Bayan shekara 10 cur ana biya babu fashi, mutum ya zuba fiye da naira miliyan 7, amma idan ya je ya nemi a duba masa abin da ake bin sa, za a ce masa kusan naira miliyan 8 da dubu 370. A nan ne mutane da yawa suke zargin an cuce su, alhali haka lissafin yake tun ranar da suka sa hannu. Sai an shiga shekara ta 19 kafin kason da ke rage uwar kuɗi ya fara rinjayar kason ruwa, kuma a ƙarshen shekara 30 jimillar abin da aka biya ta kai kusan naira miliyan 21 da dubu 600, wato an biya kuɗin gidan sau biyu har da ɗoriya.

Wannan ruwan na kashi 6 ana samun sa ne ta Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, wanda aka kafa da dokar 1992, kuma Bankin Bayar da Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yake gudanarwa. Ma'aikaci yana zuba kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa duk wata, kuma bayan ya yi aƙalla wata 6 yana zubawa ya cancanci neman bashi, wanda za a iya shimfiɗa biyansa har shekara 30. Ba kai tsaye ake zuwa FMBN ba, ana bi ta wani bankin jinginar gidaje mai lasisi, shi ne zai tattara takardu ya miƙa. Sharuɗɗa biyu ne suka fi tankaɗe masu nema. Na farko, abin da za a cire a wata ba zai wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da mutum yake samu ba, don haka mai son waccan miliyan 10 sai kuɗin shigarsa ya kai kimanin naira 180,000 a wata. Na biyu, shekarun biya suna bin shekarun da suka rage wa mai nema kafin ritaya, saboda haka wanda ya kai shekara 45 bai kamata ya gina lissafinsa a kan shekara 30 ba, abin da ke gabansa bai wuce 15 ba. Ga kuma jira, domin tsakanin miƙa takardu da fitowar kuɗi akan ɗauki lokaci mai tsawo, kuma mai sayar da gida ba lallai ne ya yi haƙuri ba idan wani ya zo da kuɗi a hannu.

Ko a cikin wannan bashin mai rangwame akwai zaɓin da ya cancanci a zauna a kansa. Idan aka rage shekarun zuwa 20, biyan wata zai hau zuwa kimanin naira 71,643, jimillar ruwa kuma ta sauko daga miliyan 11 da dubu 600 zuwa miliyan 7 da dubu 200. A shekara 15, biyan wata naira 84,386 ne, ruwan kuma kimanin miliyan 5 da dubu 200. Ƙarin da bai kai naira 12,000 a wata ba ya hana fitar fiye da miliyan 4. Sai dai a nan ina da ja da masu cewa kullum gajeren bashi ya fi. A ƙasar da hauhawar farashi ta haura kashi 30 cikin ɗari a 2024, bashin da ruwansa yake tsaye a kashi 6 yana ƙara sauƙi da kansa, domin naira 59,955 ɗin da ke da nauyi a yau ba za ta kai wannan nauyin ba nan da shekara 15, matuƙar albashi yana ɗan motsawa. Wanda ya samu irin wannan bashin, kuma matse kansa zai taɓa kuɗin makarantar yara ko cefane, babu laifi ya ɗauki dogon zango.

Wannan sassaucin ba ya aiki ko kaɗan a bashin bankin kasuwanci, inda ruwa ya daɗe yana sama da kashi 20 cikin ɗari, musamman tun da Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 a ƙarshen 2024. Mu ɗauki kashi 24 a matsayin misali, a kan miliyan 10 ɗin nan dai. Idan za a biya cikin shekara 10, kowane wata naira 220,481 ne, jimilla kusan miliyan 26 da rabi. Mai nema zai ga adadin ya yi masa yawa, sai ya roƙi a ƙara masa shekaru, yana zaton zai samu sarari. A shekara 20 biyan wata zai sauko ne kawai zuwa naira 201,741, ragin da bai kai naira 19,000 ba, amma jimillar ta tashi zuwa fiye da miliyan 48. Dalilin a fili yake: ruwan watan farko kaɗai naira 200,000 ne, don haka kome yawan shekarun da aka ƙara, biyan wata ba zai taɓa saukowa ƙasa da wannan ba, kuma a tsarin shekara 20 abin da ke rage uwar kuɗi a watan farko bai kai naira 2,000 ba. Bugu da ƙari, galibin waɗannan basussuka ruwansu ba a tsaye yake ba, akwai sakin layi a yarjejeniyar da ke ba banki damar sauya shi gwargwadon yanayin kasuwa. Abin da wannan hanya ta fi sauran da shi, shi ne sauri da kuma girman abin da za a iya karɓa. A ganina ba ta dace ba sai ga wanda ya riga ya tara mafi yawan kuɗin gidan, yana neman ciko, kuma yana da tabbacin zai sauke nauyin cikin shekara 3 zuwa 5.

Akwai wani tarko da ya fi yawa a wajen kamfanonin gina rukunin gidaje da wasu ƙungiyoyin gama-kai na ma'aikata, wato lissafa ruwa a kan dukan kuɗin da aka karɓa tun farko, ba a kan abin da ya saura ba. Na taɓa raka wani ƙanena ofishin wani kamfani, aka miƙo masa takarda mai sheƙi an rubuta kashi 10 da manyan baƙaƙe, har ya fara lalubar biro a aljihun gaba. Na tambayi jami'ar, "Hajiya, wannan kashi 10 ɗin a kan ragowar bashi yake, ko a kan dukan kuɗin?" Ta ce a kan dukan kuɗin ne, kowace shekara, har a gama. Muka juya bayan takardar muka buga: miliyan 10, ruwan miliyan 1 duk shekara har shekara 10, jimilla miliyan 20, wato naira 166,667 a wata. Da a kan ragowar bashi ake lissafin wannan kashi 10 ɗin, biyan wata zai kasance naira 132,151, jimilla ƙasa da miliyan 16. Ma'ana, abin da aka kira kashi 10 a waccan takarda daidai yake da kusan kashi 16 a lissafin banki, kuma ba ƙarya aka yi masa ba, tambayar ce bai yi ba.

Ga ɗimbin jama'armu, batun bai tsaya ga yawan ruwa ko ƙarancinsa ba, ruwan ne gaba ɗaya ba sa so saboda haramcin riba, ko da kashi 6 ne. Bankin Jaiz, wanda ya fara aiki a 2012, da TAJBank da ya biyo baya a 2019, da Lotus a 2021, suna aiki ne da ƙa'idojin cinikin Musulunci, kuma a fagen gidaje sigogi uku aka fi sani. A murabaha banki yana sayen gidan ya sayar wa mutum da ribar da aka bayyana, farashin ya tsaya cak daga ranar ciniki, wanda hakan babbar kariya ce a lokacin da kuɗin ruwa ke hawa. A ijara mai ƙarewa da mallaka, banki ne mai gida, mutum yana biyan haya har mallaka ta koma hannunsa. A musharaka mai raguwa kuwa, an yi tarayya a gidan, mutum yana sayen kason banki kaɗan-kaɗan yana kuma biyan hayar kason da bai saya ba, don haka hayar tana raguwa yayin da rabonsa yake ƙaruwa. Abin da ya kamata a faɗa ba tare da kwana-kwana ba shi ne, halascin ciniki ba ya nufin arha. Waɗannan bankuna a kasuwa ɗaya suke da sauran, ribarsu tana la'akari da tsadar kuɗi a ƙasa, saboda haka mai nema ya tambayi jimillar farashi kamar yadda zai tambaya a ko'ina. Ya kuma tambayi abu biyu: a ijara da musharaka, yaushe ake sake duba kuɗin haya kuma da wane ma'auni, a murabaha, idan ya biya kafin wa'adi, shin za a yafe masa wani abu daga ribar, domin yawanci wannan rangwame yana hannun banki ne, ba haƙƙi ba ne da aka rubuta masa.

Duk hanyar da aka bi, akwai kuɗaɗen da ba sa fitowa a cikin kason ruwa ko riba, amma daga aljihu ɗaya suke fita. Akwai kafin alƙalami, wanda bankunan kasuwanci kan nemi kashi 20 zuwa 30 na kuɗin gidan. Akwai ladan mai kimanta gida, da na lauya, da la'adar dillali, da kuɗin gudanarwa da banki ke cirewa tun kafin kuɗi su fito, da inshorar gobara da ta rai, ko takaful ga masu bin tsarin Musulunci, waɗanda ake sabuntawa duk shekara. Sannan Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta wajabta samun amincewar gwamna kafin a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka, kuma wannan mataki yana tafe da harajin hatimi da kuɗin rajista, waɗanda suka bambanta daga jiha zuwa jiha. Gidan da ba shi da takarda sai ta mai unguwa da shaidu, kome kyansa, banki ba zai karɓe shi jingina ba. Ga ma'aikacin da ke cikin tsarin fansho na karo-karo akwai wata ƙofa: tun 2022 hukumar kula da fansho ta ƙasa, PenCom, ta fitar da ƙa'idojin da suka ba shi damar amfani da har kashi 25 cikin ɗari na abin da ke asusun fanshonsa a matsayin kafin alƙalamin gidan zama. Yana rage bashin da za a karɓa, amma yana rage abin da za a tarar ranar ritaya, don haka ya fi ma'ana idan bashin da zai rage mai tsadar ruwa ne.

Sakin layin da nake ba da shawarar a nema da ido kafin kowane shi ne na biya kafin lokaci. Tun da ruwa yana bin ragowar uwar kuɗi, duk nairar da aka ƙara a shekarun farko tana kashe ruwan da za ta haifa har ƙarshen wa'adi. A misalinmu na kashi 6 da shekara 30, wanda ya ɗora naira 10,000 a kan biyan kowane wata zai gama cikin kimanin shekara 21, ya kuma tsira da kusan miliyan 4. Wannan ya fi mutum ya ɗaure kansa da gajeren wa'adi tun farko, domin watan da abubuwa suka cushe, kamar lokacin azumi ko komawar yara makaranta, mutum zai iya komawa kan adadin asali ba tare da ya saɓa alkawari ba. Amma wasu bankuna suna cin tarar mai biya da wuri, wasu kuma suna ajiye ƙarin a matsayin biyan watan gaba maimakon su zabge shi daga uwar kuɗi, wanda hakan ba ya rage ruwa ko sisi. Saboda haka mai nema ya buƙaci a buga masa cikakken jadawalin biya, wata bayan wata, mai nuna kason ruwa da kason uwar kuɗi da ragowar bashi, ya tafi da shi gida tare da kwafin yarjejeniyar, ya duba layin wata na 60 da na 120 a jadawalin kowane banki, sannan ya sa a rubuta masa a takarda yadda za a lissafa duk wani ƙarin da ya biya.