Odd Thomas ko Later, wanne za ki fara saya?

'Yar'uwa, kin ce kina neman labarin mai ganin matattu wanda ba shi ya nemi abin ba, an ba ki suna biyu, Odd Thomas na Dean Koontz da Later na Stephen King, kuma kuɗin guda ne a hannunki. Na karanta duka biyun. Na Turanci ne, daga Amurka, kuma ƙagaggun labarai ne, kada wani ya taso mana da muhawarar aƙida.

Bambancinsu yana wajen fatalwowin. A littafin Koontz, wanda ya fito a 2003, matattu ba sa magana ko kaɗan. Odd saurayi ne ɗan shekara 20, mai soye-soye a wani ƙaramin gidan abinci a Pico Mundo, garin da marubucin ya ƙirƙira a hamadar Kalifoniya. Tun a farkon littafin wata yarinya da aka kashe ta zo masa, ba ta ce uffan ba, ya dai bi ta har ta kai shi ga wanda ya kashe ta. Haka rayuwarsa take: su nuna, shi ya yi ta fassara. Har fatalwar mawaƙi Elvis Presley tana yawo a garin, tana kuka, ba bakin faɗin dalili. Akwai kuma wasu baƙaƙen inuwoyi da yake kira bodach, masu taruwa inda za a zubar da jini. Ranar da ya gan su rututu a bayan wani baƙo da ya shigo cin abinci, ya san garin ya shiga uku.

A Later kuwa, na 2021, matattu suna magana, kuma dole su faɗi gaskiya in an tambaye su, kafin su dushe bayan 'yan kwanaki. Jamie Conklin yaro ne a birnin New York. Yana ɗan shekara 6 matar maƙwabcinsu ta rasu, mijin yana neman zobbanta, Jamie ya tambayi marigayiyar, ta faɗa masa inda suke. Daga ranar mahaifiyarsa ta yarda, kuma nan masifar ta fara. Ita wakiliyar marubuta ce, tattalin arziki ya karye a 2008, babban marubucin da take ci da shi ya mutu bai gama rubuta littafinsa na ƙarshe ba. Sai ta ɗauki ɗanta ta kai shi gidan mamacin ya karɓo labarin daga bakinsa. Bayanta wata 'yar sanda ta ja shi wajen fatalwar wani mai dasa bam, don ya faɗi inda ya ɓoye na ƙarshe. Wannan fatalwar ce ta ƙi dushewa.

To kin ga ƙin da suke wa wannan baiwa ba iri ɗaya ba ne. Odd babba ne, ya zaɓi ƙaramar rayuwa don kansa ya huta, ko mota ba ya son mallaka, burinsa ya auri budurwarsa Stormy, amma in mamaci ya zo ba ya iya kau da kai. Jamie ba a ma tambayarsa. Manya ne ke juya shi kamar waina, kuma wannan ya fi fatalwowin tayar mini da hankali.

Koontz yana da surutu, zai bar ki tsaye a bakin haɗari ya tafi barkwanci shafi guda. Wasu na jin haushi, ni yana ba ni dariya. King ya fi tafiya kai tsaye, littafin bai kai rabin manyan littattafansa ba, sai dai akwai ashar da abubuwan manya, ba na miƙa wa ƙanne ba ne.

Tunda kuɗin guda ne, ki sayi Later, labari ne da ya ƙare a littafi ɗaya. Odd Thomas farkon jeri ne da ya kai har Saint Odd a 2015, in kika fara aljihu zai ji a jikinsa. Amma in kin taɓa samun sa aro, kada ki leƙa shafukan ƙarshe, kuma kada ki kalli fim ɗinsa na 2013 tukuna. Ni a cikin mota na karanta ƙarshen, sai da na rufe fuska da mayafi.