Malamar jinya mai maganar hannu da ta kula da yayana a Zango

Jama'ar Damagaram assalamu alaikum. Akwai wani ɗan kabine na jinya da ke turo infirmiye, wato malaman jinya, har gida, su suka kula da yayana makonni ukun ƙarshe na rayuwarshi, Allah ya jiƙanshi, kuma wallahi sun cancanci a faɗi alherinsu.

Yaya kurma ne tun yana yaro, sanƙarau ya tafi da jinshi, tela ne a Zango. Da ciwon daji ya ci hantarshi mun zaga wurare, ko'ina sai dokotoro ya juyo gare mu yana bayani shi kuma yana kwance yana bin bakinmu da ido. Har mu 'yan gida haka muka yi mishi, muka zauna muka yanke za a kai shi Yamai, kusan kilomita 900, an fara haɗa kuɗin mota ma, ba wanda ya tambayi mai jikin.

Ranar farko da malamar ta zo sa mishi ƙarin ruwa ta ce min "Malam kun tambaye shi yana son tafiyar?" na rasa abin cewa. Ashe ta iya maganar hannu, ƙanwarta ma kurma ce. Ta ja kujera ta zauna gabanshi, ta gaya mishi abin da likitoci suka gani ba ɓoye-ɓoye, da abin da tafiyar za ta iya da wanda ba za ta iya ba, a hankali, inda bai gane ba ta sake, ta fi awa guda. Yaya ya ce ba ya zuwa, a bar shi kusa da Inna a rage mishi zafin ciwo. Sannan ya lissafa bashin da ake binshi da yadukan mutane da ke shago, na wane da na wane, muka rubuta. Da mun sa shi mota da duk wannan ya tafi da shi a ciki.

Kawu ya so ya matsa, wai kurma bai san abin da ya fi mishi ba, malamar ta ce Baba kunnenshi ne ba ya ji, hankalinshi garau yake. Kuma Nijar ta amince da yarjejeniyar Majalisar Ɗinkin Duniya kan haƙƙin naƙasassu tun 2008, a ciki an ce sai an yi wa mutum bayani ya yarda da kanshi kafin a yi mishi magani.

Inda suka gaza, ita kaɗai ta iya maganar hannun, ranar da aka turo wani sai da muka koma nune-nune, kuma da dare wayarsu sai ka yi ta kira. Kuɗi jika uku kowane zuwa banda magani, ga talaka da nauyi. Don Allah su ƙara koya ma ko mutum ɗaya, kuramen garin nan suna da yawa.