Wasiƙa daga Ohayo zuwa Daura: inda shari'ar gona take ƙarewa

Kawu, Allah ya ƙara maka lafiya da nisan kwana. Ina gaida Inna da su Yaya da duk mutanen gida. Mu nan Kolombus lafiya lau, sai sanyi da ya fara shigowa.

Ranar Juma'ar da muka yi waya ka yi mani tambayar da ba wanda ya taɓa yi mani cikin shekara bakwai da na yi a Amurka. Mutanen gida farashin shinkafa suke tambaya, da kuɗin mota, da ko gaskiya ne ba a ɗauke wuta. Kai kuwa, da yake a gaban alƙali ka yi furfura kana aikin muhuti, cewa ka yi in faɗa maka yadda talaka yake karɓar haƙƙinshi a nan idan an danne shi. Maganar ta fi ƙarfin waya, shi ya sa na zauna na rubuta.

Bari in fara da abin da ya same ni. A nan idan za ka kama haya, ban da kuɗin wata, sai ka ajiye wa mai gida wani kuɗi ya riƙe, ko da za ka yi mashi ɓarna. Nawa dala 1,100 ne. Bara da muka tashi, muka share gidan muka wanke, na ɗauki hoton kowane ɗaki, na rubuta wa kamfanin sabon adireshina. Shiru kake ji. Na buga waya ya fi sau goma, kullum a ce manaja ba ya nan. Har na dangana na ce na bar wa Allah, sai wani Bazabarme da muke aiki tare ya ce mani dokar jihar Ohayo kwana 30 ta ba mai gida ya maido kuɗin, ko ya rubuto dalla-dalla abin da ya cire da dalilin cirewa. Abin da ya riƙe ba bisa ƙa'ida ba kuwa, ninki biyu zai biya.

A kotun birni akwai sashen ƙananan ƙararraki, na abin da bai wuce dala 6,000 ba. Fom ɗaya na cika, na biya abin da bai kai dala 100 ba, akawu ta miƙo mani rasit. Ba wanda ya ce in ga masinja, ba wanda ya nemi kuɗin mai na kai sammaci, ta gidan waya suka aika da shi. Doka ta ce a sa ranar zama cikin kwana 40, kuma aka sa. Ran nan na tarar da benci cike da mutane, babu mai lauya sai ɗai-ɗai. Kusa da ni wata tsohuwa ce 'yar Somaliya, su suna da yawa a garin nan, kotu ta kawo mata tafinta ba ta biya ko sisi ba. Da aka kira mu, majistare ya duba takardar haya da hotunan, ya tambayi wakilin kamfani ina takardar da suka rubuto mani. Babu. Wakilin ya nuna ƙofar banɗaki da yara suka fasa, na ce gaskiya ne, aka cire dala 150. Sauran 950 aka ninka. Zaman bai kai rabin awa ba, bayan 'yan makonni cek ya iso.

Ina fitowa, abin da ya faɗo mani a rai gonar Kaka ce ta hanyar Zango. Ka fi ni sanin labarinta. Ina aji biyu a sakandare aka fara, ina da 'ya'ya biyu aka gama, Baba kuma bai ga ƙarshenta ba. Da rabon gado aka shiga, sai maƙwabci ya fito da cewa ubanshi ya sayi rabin gonar. Aka yi ta hawa, daga wannan kotu zuwa wadda ta fi ta, har aka kai kotun ɗaukaka ƙara ta tarayya. Can aka ce tunda magana ta koma ta mallakar fili, sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 bai ba kotun ɗaukaka ƙara ta Shari'a hurumi a kanta ba, huruminta aure ne da gado da wasiyya da wakafi da makamantansu. Babbar kotun jiha ya kamata a nufa. Aka dawo baya. Shanun huɗa biyu suka tafi a kuɗin mota da na lauya. Ka sha faɗa mana ba laifin alƙalan ba ne, abin da takarda ta ce suka bi. Sai da na zo nan na gane abin da kake nufi.

Su ma tarayya ne kamar mu, har ma daga wurinsu muka ɗauko tsarin shugaban ƙasa a 1979. Amma kotunansu tsani biyu ne a jingine kusa da juna. Kowace jiha cikin 50 tana da nata tun daga ƙasa har kotun ƙolinta. Gwamnatin tarayya kuma tana da nata daban: kotunan gunduma 94, na ɗaukaka ƙara 13, sai Kotun Ƙoli a Washinton mai alƙalai tara. Aure da saki da gado da haya da fili da sata, har mafi yawan shari'un kisan kai, duk dokar jiha ce. Idan Kotun Ƙolin Ohayo, alƙalai bakwai da ke zama nan cikin garinmu, ta ce ga ma'anar dokar Ohayo, magana ta ƙare. Taran nan na Washinton ba su da ikon taɓa ta, sai in ta shafi tsarin mulkin ƙasa ko dokar tarayya. Su ma ɗin zaɓa suke yi: dubban takardu ake kai masu a shekara, waɗanda suke saurare ba su kai ɗari ba.

Mu kuwa tsani ɗaya ne. Da shari'a ta wuce babbar kotun jiha ko kotun ɗaukaka ƙara ta Shari'a a Katsina, ta fita daga hannun jiha ke nan. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya ce, Kotun Ƙoli tana Abuja, kuma tsarin mulki ya ce alƙalanta kada su wuce 21. A kansu ake jibge rigimar gona da ta zaɓe da ta bashin banki da hukuncin kisa daga jihohi 36. Gari guda ne aka ce ya sha a randa ɗaya, dole layi ya yi tsawo. Ni dai a ganina, shari'ar gonar Daura a Katsina ya kamata ta ƙare. Jihar da ta haifi Mai Shari'a Muhammadu Bello, wanda ya shugabanci Kotun Ƙoli daga 1987 zuwa 1995, ta haifi Galadiman Katsina Mamman Nasir da Walin Hausa Umaru Abdullahi, waɗanda dukansu suka shugabanci Kotun Ɗaukaka Ƙara, ba za ta rasa mutum bakwai da za su raba gardamar kan iyaka ba.

Na san abin da za ka ce, don na taɓa jin ka faɗa a zaure: in aka bar wa jiha komai, gwamna zai sa alƙalai a aljihu. Shi ya sa ko alƙalin babbar kotun jiha gwamna ba ya naɗawa sai da shawarar majalisar alƙalai ta ƙasa. Tsoron nan gaskiya ne, kuma tarihin Amurka ya tabbatar da shi. Jihohin kudu da dokokinsu suka raba makarantun baƙar fata da na farare, sai a 1954 Kotun Ƙoli ta ce hakan ya saɓa wa tsarin mulki. A 1957 gwamnan Akansas ya tare ƙofar makaranta a Litil Rok, har sai da Shugaba Eisenhower ya tura soja suka raka yara tara cikin aji. Akwai kuma wani talaka a Fulorida, Clarence Gideon, da aka tuhuma da fasa wani wurin wasa. Ya roƙi a ba shi lauya aka hana, aka ɗaure shi shekara biyar. Daga kurkuku ya rubuta ƙara da fensir zuwa Washinton. A 1963 kotu ta ce dole kowace jiha ta ba wanda ake tuhuma da babban laifi lauya in ba shi da hali. Aka sake shari'ar da lauya a gefenshi, aka wanke shi. Aikin kotun tarayya ke nan: ta tsawatar idan jiha ta taka ɗan ƙasa, ta raba faɗa idan gwamnatoci sun kaure.

Tamu ma tana yin wannan, kuma ban yarda da masu cewa ba ta da amfani ba. Ka tuna farkon 2023, lokacin canjin kuɗi, da ka yi wuni biyu a layin banki, mata suna kai kaji kasuwar Mai'aduwa ba mai saye saboda babu takardar kuɗi a hannu. Jihohin Kaduna da Kogi da Zamfara suka kai gwamnatin tarayya Kotun Ƙoli kai tsaye, Katsina ta bi sahu. Ranar 3 ga Maris kotu ta ce tsoffin takardun 200 da 500 da 1,000 su ci gaba da aiki har ƙarshen shekara, alhali mai mulki a lokacin ɗan garinmu ne, Allah ya jiƙan shi. Sai da aka yi kwana goma kafin Babban Banki ya ba bankuna umarnin bi, kuma kwana goma ga mai jin yunwa ba kaɗan ba ne, amma an bi. A Yulin 2024 kuma ta juya kan gwamnoni, ta ce kuɗin ƙananan hukumomi a ba su kai tsaye. Irin waɗannan ne nauyin da ya dace da ita. Gonar Kaka ba ta da abin yi a layinsu.

Kada ka ɗauka nan komai zuma ne. Sauƙin da na ba ka labari iyakarshi ƙaramar ƙara. Da ka wuce nan sai lauya, kuma wanda na taɓa tambaya kan wata takarda dala 300 ya ce a awa guda. Lauyan kyauta da kotu take bayarwa yawanci na wanda ake tuhuma da laifi ne. Wanda za a kora daga gida saboda bashin haya yawanci shi kaɗai yake tsayawa, mai gida da lauyanshi. Kotun shige da fice, wadda ta fi tsorata baƙo irina, ta tarayya ce, a ƙarƙashin ma'aikatar shari'a take, kuma gwamnati ba ta ɗaukar wa kowa lauya a can. Tsani biyun nan ma yana da tarko. Tun 2023 jama'ar Ohayo suka kaɗa ƙuri'a suka halatta wiwi, shaguna a buɗe suke sayarwa, amma a dokar tarayya har yau laifi ne. Yaron da ke da katin zama ya ga shago ya ɗauka an yarda, ranar da ya je neman zama ɗan ƙasa abin ya zame mashi ƙaya. Kullum muna jan kunnen samarinmu a masallaci.

Abin da har yau raina bai kwanta da shi ba shi ne zaɓen alƙalai. Na tarayya shugaban ƙasa ke naɗawa, majalisar dattawa ta amince, su zauna har mutuwa ko su ajiye da kansu. Na Ohayo kuwa takara suke tsayawa, wa'adin shekara shida. Lokacin zaɓe za ka ga sunan alƙali a allo an kafa a ƙofar gidaje, ana tara mashi gudummawa. Mutumin da ya roƙi ƙuri'a jiya, ya karɓi gudummawar lauyoyi, yau ya hau kujera, ni zuciyata ba ta natsu ba, ko da kuwa mai gaskiya ne.

Akwai kuma abin da muke da shi a gida da kuɗi ba ya saye a nan. A kotunku tsohuwa takan tsaya ta yi magana da bakinta, da Hausarta, alƙali ya san unguwarsu, ya san abin da ake nufi da jingina da aro da kashe-mu-raba ba sai an fassara mashi ba. Kafin ma a kai kotu akwai mai unguwa da dagaci da hakimi, rigima nawa ta mutu a zaurensu aka ci gaba da gaisawa. Nan ma kotu tana da masu sulhu, amma baƙi ne gare ku duka, ba wanda zai ji nauyinsu.

Babbansu shi ne gado, kuma a kanshi nake neman taimakonka. Gado dokar jiha ce, kuma babu jihar da take rabo irin na Musulunci. A Ohayo, in mutum ya mutu bai bar wasiyya ba, kuma duk 'ya'yanshi na matar da ya bari ne, ita ke ɗaukar komai. Inna ba za ta sami ko tsinke ba. Mafita ita ce in rubuta wasiyya a gaban shaidu biyu, in faɗi rabon kowa, kotu za ta zartar. Ko da hakan, doka ta ba mace damar ta ƙi wasiyyar ta karɓi kashi ɗaya bisa uku idan 'ya'ya sun kai biyu. Mun zauna da Maman Aisha mun yi maganar, ta ce ita tumuninta da Allah ya ba ta ya ishe ta.

Saboda haka, Kawu, ka rubuto mani rabon yadda kuke fitar da shi a kotu: uwa, mata ɗaya, maza biyu da mace ɗaya, da yadda zai canza idan wani ya riga wani. Ka sa asalin lissafin, don lauyan nan bai san sudusi da tumuni ba, sai na zauna na bi da shi layi-layi. Ka ba Sani ya ɗauki hoton takardar ya turo ta WhatsApp. Kuɗin maganin Inna na wannan wata na tura ta hannun Yaya, a duba ko ya shiga.

Ɗanka,
daga Kolombus