Méliès ko Nosferatu: wanne za ka fara saya?

Ɗan'uwa, ɗauki tarin finafinan Georges Méliès, Bafaranshen nan mai shirya finafinai a zamanin da fim bai da magana, ka bar Nosferatu, tsohon fim ɗin dodo mai shan jini, sai gaba. Duka biyun ina da faifansu.

Na Méliès shekara huɗu ke nan yana hannuna. Daren da na fara saka shi, yarana da na maƙwabta sun cika tabarma, muka kalli Le Manoir du diable na 1896, wanda mutane da yawa ke ɗauka shi ne fim ɗin ban tsoro na farko. Wajen minti uku ne kawai. Jemage ya shigo yana shawagi, kafin ƙiftawa da bismillah ya rikiɗe ya zama Shaiɗan. Autata ta miƙe ta leƙa bayan talabijin tana neman inda jemagen ya shige. Sau biyar muka maimaita, babu wanda ya nemi a fassara masa komai.

Dabarar kuwa mai sauƙi ce: a tsayar da kyamara, a sauya abin da ke gabanta, a ci gaba da ɗauka. Dama Méliès ɗan siddabaru ne a gidan wasa na Robert-Houdin da ke Paris, shi ya sa rufa idon ke tafiya daidai. Ya shirya finafinai sama da 500, amma a 1923, bayan karayar arziki, ya ƙona waɗanda ke hannunsa. Kimanin 200 ne suka tsira. Har yau abin na min ciwo.

Nosferatu na darakta Murnau, wanda ya fito a Jamus a 1922, ba laifi, fuskar Max Schreck, wanda ya fito a matsayin dodon, na tayar da tsikar jiki. Amma wajen awa ɗaya da rabi ne, yana buƙatar haƙuri.

Ka kuma yi hattara da masu sayarwa. Da rana aka ɗauki wuraren dare na Nosferatu, sannan aka rina fim ɗin da shuɗi. Wanda aka sayar min, an rubuta "gyararre" a jikin kwali, ashe baƙi da fari ne aka sauke daga intanet. Sai ga dodon da rana ke kashewa yana yawo da rana tsaka! Kada ka ba da ko sisi sai an kunna maka ka gani. Idan dare bai fito shuɗi ba, ko mutane na tafiya da sauri kamar ana korarsu, mayar masa da kayansa. A na Méliès kuma, ka tambaya ko akwai fim ɗinsa na tafiya duniyar wata na 1902, mai launi, wanda aka gyara a 2011.