Baƙin farantin sola da shuɗi: ina ainihin bambancin yake?

Wani ɗan'uwa a zauren nan ya ce ya je sayen farantin sola, aka nuna masa baƙi da ake kira mono da shuɗi da ake kira poli, yana so ya san ko bambancinsu ya wuce na launi da farashi. Malam, ya wuce, kuma tun daga masana'anta ya samo asali.

Tushensu ɗaya ne. Ana narka farin dutse mai ɗauke da silika tare da gawayi a tanderun lantarki mai zafin kusan digiri 2000, a samu silikon, a tace shi sosai. Daga nan hanya ta rabu. Wajen yin poli, ana narka silikon a mazubi mai kusurwa huɗu a bar shi ya huce, sai ya daskare gutsure-gutsure, kowane gutsure da inda ya fuskanta. Idan ka kara shuɗin faranti a rana za ka ga wannan da idonka, kamar farfasasshen gilashi. Shi kuwa mono, ana tsoma ɗan tsinken silikon a cikin narkakken, a riƙa juya shi ana ɗagawa sannu a hankali har ya fito da dogon gungume mulmulalle wanda tsarinsa ɗaya ne daga sama har ƙasa. Jan Czochralski, ɗan ƙasar Poland, shi ya gano wannan dabara a 1916. Da yake gungumen zagayayye ne, sai an fere gefensa, shi ya sa ƙwayoyin mono da yawa, wato ƙananan yankan silikon da ake jerawa a jikin faranti, suke da datsattsun kusurwoyi. Dukansu ana yanka su da siririyar waya mai ɓarɓashin lu'ulu'u, kamar yadda ake yanka sabulu da zare, kauri bai kai kashi ɗaya cikin biyar na milimita ba.

Aikinsu ma iri ɗaya ne. Ana sa wa ɓangare ɗaya na ƙwayar ɗan sinadarin boron, ɗayan kuma sinadarin fosfaras, ta yadda idan haske ya zaburar da elektron, wato ɗan mitsitsin abin da ke ɗauke da lantarki, mahaɗar ɓangarorin za ta tura shi gefe guda, siraran layukan azurfa da ke saman ƙwayar su kwashe shi zuwa waya. Kowace ƙwaya tana ba da kusan rabin bolt, don haka ake jera 36 ko 60 ko 72. Sai dai a cikin poli, elektron da yawa suna salwanta a iyakokin gutsattsarin nan, shi ya sa yake mayar da kashi 15 zuwa 18 cikin 100 na haske lantarki, alhali mono na yanzu yana haura kashi 20.

Abin da nake so ka riƙe shi ne, wat 300 wat 300 ne ko daga wanne ya fito. Poli dai zai fi cin fili a kan kwanon rufinka. Zafin bazara yana rage ƙarfin dukansu da zarar ƙwayar ta haura digiri 25, mono ya ɗan fi juriya, ƙurar hunturu kuwa ba ta bambanta su.

A ganina, idan sabo za ka saya, ɗauki mono, domin masana'antun Sin, waɗanda su ke yin mafi yawan farantan duniya, sun kusa daina yin poli, saboda haka shuɗin da za a nuna maka yana iya zama tsohon ajiya ko na hannu. Ka nemi a auna maka shi a tsakar rana kafin ka biya.