Na kai rubutun hannun mahaifina maɗaba'a: abin da na gani a bugun ofset

Mahaifina, Allah ya jiƙansa, ya bar ɗan littafi na waƙoƙin wa'azi da ya rubuta cikin ajami da alƙalamin kara, baƙaƙe da baƙar tawada, wasulla da ja. Shekara da shekaru fotokwafi muke yi wa ɗalibai, har kwafin kwafi ya cinye ɗigogi, jan kuma ya koma toka-toka. Da saukar ɗaliban Islamiyyarmu ta matso, muka yanke shawarar buga guda 1,000 mu raba. Na kai aikin wata maɗaba'a a nan Katsina, wajen Ƙofar Ƙaura.

Adadi mai wurin ya fara tambayata. Da na faɗa masa, sai ya ce, "Malam, wannan ba aikin dijital ba ne, ofset za mu yi, sai an fitar da faranti." Ganin ban gane ba, ya ja ni bayan shago wurin wani tsohon injin Heidelberg, ya miƙo mini farantin alminiyam mai sirantaka kamar kwali. Na shafa, ban ji tudu ko rami ba. Wurin da rubutu yake yana kama maiƙo, sauran fuskar tana riƙe ruwa. Ana jiƙa farantin, a bi shi da tawada mai maiƙo, tunda kuwa ruwa da mai ba sa haɗuwa, tawadar sai ta manne a kan rubutun kaɗai. Daga faranti ta hau gangar roba, robar ce ke danna ta a takarda.

Asalin dabarar ita ce litogirafi, wato rubutun dutse, wadda wani Bajamushe, Alois Senefelder, ya ƙirƙira a 1796 a kan dutse mai santsi. Ni abin da ya sa nake ganin girmanta shi ne hidimar da ta yi wa rubutu irin namu. Bugun Gutenberg, Bajamushen da ya ƙirƙiro injin buga littattafai a Turai, haruffan ƙarfe ne da ake jerawa ɗaya bayan ɗaya, abin da ya yi wa Larabci wuya saboda haruffansa a sarƙe suke. Litogirafi kuwa hannun marubuci take ɗauka yadda yake. Shi ya sa ta karɓu a Indiya da Iran a ƙarni na 19, kuma Alƙur'anan Warshu da muke saye a kasuwa, da hannu aka fara rubuta su kafin a ɗora a faranti.

Kafin a fara na sa an fitar mini guda biyar a injin dijital don gwaji. Nan take na karɓa, babu kuɗin faranti. Sai dai tawadarsa gari ce da zafi ke liƙawa a saman takarda, tana sheƙi, da na ninke shafi kuma ta tsage a kan layin. Farashin kowane kwafi ma ba ya sauka sosai ko nawa za a buga. A ofset farantan ne ke cin kuɗi da farko, daga nan duk yadda adadi ya ƙaru kwafi na ƙara araha. Mai buƙatar katin biki hamsin, dijital ya fi masa.

Aikin ya fito da kyau. Tawadar ta shiga jikin takarda, baƙin ya yi baƙi, har kaurin bakin alƙalamin Baba ana gani. Amma ina da ƙorafi biyu. Mako ɗaya aka ce mini, aka kwashe fiye da biyu, wai matsalar wuta da jiran bushewa. Na biyun ya fi ci mini rai. Kowane launi da farantinsa, a wannan injin kuma sau biyu takardar ke shiga, a kusan kwafi talatin kuwa jan ya goce daga kan baƙaƙen. A ajami wasali ya matsa kaɗan, kalma ta canza, yaro ya haddace kuskure. Na ware su na mayar, aka sake bugawa ba tare da gardama ba.

Akwai littafin Baba na biyu a cikin adaka. Can zan sake kai shi, amma wata guda kafin buƙata, kuma ranar da za a ɗora jan ina tsaye a gefen injin.